Yadda Ake Haɗa Fim ɗin Gaskiya Na Sa Ido A Kan Matsalolin Al'umma Da Siyasa

Fim ɗin gaskiya iri-iri ne. Akwai wanda mai sharhi yake magana daga farko har ƙarshe, akwai wanda ake zaunar da masana ana yi musu tambayoyi. Na sa ido daban yake: kyamara tana wurin da abu yake faruwa tana kallo, babu mai sharhi, babu tambaya, babu cewa "don Allah a sake". Salon ya samu gindin zama wajajen 1960, lokacin da aka samu kyamarar 16mm marar nauyi da ake saɓawa a kafaɗa, da rikoda mai ɗaukar sauti daidai da hoto. A wannan shekarar ce ayarin mai shirya fim Robert Drew suka bi John Kennedy da Hubert Humphrey a zaɓen fid da gwani na jihar Wisconsin a Amurka, suka nuna 'yan siyasa a cikin mota da ɗakin otal da tsakiyar taro. Yau kayan aikin sun yi sauƙi. Abin da bai yi sauƙi ba shi ne samun shiga wurin, da daɗewa a ciki, da riƙe amanar waɗanda suka bar ka ka kalle su.

Kayan aiki

Kyamara kowace iri ce ta yi, muddin za ka iya saita haske da fokas (wato inda hoto yake fita tar) da hannunka, kuma ba ta yanke ɗauka bayan minti 30 ko ta mutu saboda zafi. Gwada wannan kafin ka fita: kunna ta, ka bar ta tana ɗauka awa guda cur. Lens ɗaya mai zum, irin 24-105mm, ya fi jaka cike da lens, domin daidai lokacin da kake canzawa ne abin da ka zo nema zai auku. Ka haɗa da gilashin rage haske da ake ɗaurawa a bakin lens, wanda ake kira ND, saboda ɗaukar rana.

Makirufo biyu kake buƙata. Na farko dogo ne, mai kama sautin abin da aka nuna masa, ana ɗora shi a kan kyamara ko a kan sanda. Na biyu ƙarami ne marar waya, wanda ake maƙalawa a rigar mutumin da kake bi. Sai hedifon mai rufe kunne, da rigar gashi da ake sa wa makirufo don iska. In kuɗinka na abu ɗaya ne, ka saye na sauti. Mai kallo yana yafe hoto mai duhu, amma in bai ji abin da ake faɗa ba zai tashi.

Batir ya kai huɗu, da caja. Katin memori kuwa ka yi masa lissafi: kyamarar da ke ɗauka a kan megabit 100 a daƙiƙa tana cin kimanin gigabait 45 a awa ɗaya, wato katin gigabait 128 ba zai cika awa uku ba. Ka tanadi faifan ajiya na waje guda biyu, da kwamfutar tacewa, da littafin rubutu da biro, da takardun neman yarda.

In babu kyamara, waya ta isa, amma da sharuɗɗa. Sa ta a yanayin jirgin sama kada kira ya katse ɗauka, ka riƙe ta a kwance, ka kulle haske da fokas, ka yi amfani da manhajar da ke barin ka saita komai da hannu, irin Blackmagic Camera wadda kyauta ce. In babu makirufo marar waya, sa wata wayar a aljihun ƙirjin mutumin tana ɗaukar sauti, ka tafa hannu sau ɗaya a gaban kyamara a farkon ɗauka, wannan tafin ne za ka daidaita hoto da sauti da shi a wurin tacewa.

Ayari mutum biyu ya fi: mai kyamara da mai sauti. Mutum ɗaya ma yana iyawa. Daga uku zuwa sama kun zama taro, kuma mutane sukan canza hali a gaban taro.

1. Ka nemi mutum da wuri

"Rashin aikin yi" ko "tsadar rayuwa" ba abin da kyamara take gani ba ne. Abin da take gani shi ne wata mata a layin neman aiki, ko ma'aikacin jinya ɗaya a ɗakin da ya kamata a ce su biyar ne. Don haka in ka zaɓi batu, ka sauko da shi har ya zama mutum, ko wuri mai iyaka: sashen gaggawa na asibiti, ofishin yaƙin neman zaɓe na ƙaramin ɗan takara, kwamitin ma'aikata masu yajin aiki, unguwar da aka ba wa'adin tashi, sansanin 'yan gudun hijira.

Ka auna abin da ka zaɓa da tambayoyi uku. Shin abin yana kan faruwa, ko ya riga ya wuce? In ya wuce, sai dai labari da baki, wannan kuwa wani salon ne. Shin akwai abin da mutumin zai samu ko ya rasa? Sannan, akwai ranar da al'amarin zai yanke, kamar ranar zaɓe, ranar hukunci, ko ƙarewar wa'adi? Irin wannan ranar ce take ba fim ƙashin baya ba tare da ka ƙirƙiri komai ba.

Wajen zaɓen mutum, ka yi hankali da wanda ya fi kowa ɗokin a ɗauke shi. Sau da yawa jawabi yake da shi a shirye, kuma zai yi ta kallon lens yana yi. Wanda ya fi dacewa shi ne wanda aiki ya sha masa kai har ba shi da lokacin tunawa da kai.

2. Izinin shiga da yardar mutane

A nan yawancin fina-finai suke mutuwa, don haka a nan za ka fi ɓata lokaci. Izini hawa biyu ne. Akwai na mai wuri, wato shugaban hukuma ko ƙungiya, wannan ka karɓe shi a rubuce. Akwai kuma yardar kowane mutum da zai fito, kuma ta sama ba ta wadatar da ta ƙasa. Don shugaban asibiti ya sa hannu ba shi ne marar lafiya ya yarda ba. Fim ɗin da mai shirya fim Frederick Wiseman ya fitar a 1967, wanda ya ɗauka a wani asibitin masu taɓin hankali da aka tsare a jihar Massachusetts, kotu ta hana nuna shi ga jama'a da hujjar kare sirrin waɗanda ke ciki, sai a 1991 aka ɗage hanin. Kyan fim bai hana hakan faruwa ba.

Ka yi wa mutum bayani da harshen da yake ji: wane ne kai, wa ya ba da kuɗin aikin, tsawon lokacin da za ka ɗauka, inda za a nuna fim ɗin, da kuma cewa abin da ya hau intanet ba ya saukowa. Ka faɗa masa yana da ikon cewa a kashe kyamara a kowane lokaci, kuma ranar da ya faɗa ka kashe nan take ba gardama. Wanda ba ya karatu, karanta masa takardar a gaban kyamara ya amsa da bakinsa, ya faɗi sunansa da kwanan wata. Yaro sai da yardar iyaye ko mai kula da shi, da tasa shi ma. Wanda ke cikin maye, ko ruɗewa, ko zafin ciwo, ka sake neman yardarsa bayan ya dawo hayyacinsa.

Abu ɗaya kada ka sa hannu a kai: ba hukuma ko ɗan siyasa ikon yanke abin da zai fito. Kana iya yarda su ga fim ɗin kafin fitarwa su nuna kuskure ko abin da zai jefa wani cikin haɗari. In ka ba su almakashi, talla ka yi musu. Haka kuma biyan mutum kuɗi don ya fito yana sa shi ya yi abin da yake zaton kana so. Mayar masa da kuɗin mota ko na yinin aikin da ya rasa saboda kai wani abu ne daban, kuma ka rubuta shi a fili.

Dokar ɗaukar hoto ta bambanta daga ƙasa zuwa ƙasa, musamman a kotu, rumfar zaɓe, barikin soja da filin jirgi. Ka tambayi lauya kafin ka fara.

3. Ka bari a saba da kai

Kwanakin farko ka je ba kyamara, ka zauna, ka lura: wa ake sauraro, ƙarfe nawa ake cika, a wane ɗaki ake yanke shawara, daga ina haske yake shigowa. Bayan nan ka zo da kyamara a hannu kullum, ko ba ka ɗaukar komai, har ta zama kamar wani ɓangare na jikinka. Abin da ka ɗauka a makon farko galibi ba ya shiga fim, domin kowa yana gyara zama yana zaɓen kalma. Ba ɓuya kake yi ba, kowa ya san kana nan. Jira kake yi har aikin gabansu ya fi ka muhimmanci a wurinsu.

4. Saita kyamara

A ƙasar da wutar lantarkinta take kan zagaye 50 a daƙiƙa, ka ɗauka a hoto 25 a daƙiƙa, shata (wato tsawon lokacin da haske yake shiga kowane hoto) a 1/50 na daƙiƙa. Inda take kan 60, sai hoto 30 da shata 1/60. In ka saɓa wannan, za ka ga hoto yana ƙyafta ido ko layuka suna yawo a ƙarƙashin fitilun ofis. Ka zaɓi ɗaya ka tsaya a kai har ƙarshen aiki. Launin haske ka saita da hannu, wajen 5600K (K ma'aunin launin haske ne) a rana, 3200K a ƙarƙashin ƙwan fitila mai ja-ja, ko ka nuna wa kyamara farar takarda a ɗakin ta auna. In ka bar ta tana yi da kanta, launin fuska zai riƙa canzawa duk lokacin da ka juya wajen taga, kuma gyaran wannan a tacewa wahala ce.

Kada ka buɗe lens gaba ɗaya don neman baya mai hazo. Mutanen da ba ka gaya musu inda za su tsaya ba motsi suke yi, kuma a f/1.8 (ma'aunin buɗewar lens ne, ƙaramar lamba tana nufin ya buɗe sosai) taku ɗaya ya isa ya fitar da su daga fokas. Tsakanin f/4 da f/5.6 ya fi aminci. Sauti kuwa a 48kHz, ƙarfinsa yana kaiwa wajen -12dB a ma'aunin sauti na kyamara in an ɗaga murya, don ya bar wa ihu wuri. Kowane makirufo ya tafi layinsa daban. Ka daidaita agogon kyamara da na rikoda, kwanan wata ya zama daidai.

5. Ɗauka

Kunne ne yake jan kyamara. Da hedifon a kunnenka za ka ji murya ta fara canzawa kafin fuska ta nuna, wannan ne lokacin matsowa. Ka fara ɗauka tun kafin mutum ya shiga ɗaki, kuma kada ka kashe da zarar taro ya watse. Maganar da ake yi a bakin ƙofa bayan an tashi, ko shirun da mutum yake yi bayan ya ajiye waya, sau da yawa ita ce zuciyar fitowar, wato yankin fim da ya faru a wuri ɗaya a lokaci ɗaya.

Kowace fitowa ka fita daga cikinta da abu huɗu: hoto mai faɗi da ke nuna wurin da inda kowa yake, fuskar mai magana, fuskar mai sauraro, da ƙananan abubuwa kamar hannu, takarda, agogon bango. Masu koyo sukan manne wa mai magana kaɗai, sai a wurin tacewa su tarar ba su da inda za su yanke jawabin minti 20. Dabarar ita ce in mai magana ya fara maimaita kansa, ka juya ka ɗauki masu sauraro, sauti yana ci gaba da shiga. Kowane hoto ka riƙe shi aƙalla daƙiƙa 10 ba motsi, ka ƙirga a zuci. Ka rage zum da lilo da kyamara. In kana son kusa, taka da ƙafarka.

In mutum biyu suna magana, ka ƙaddara layi a tsakaninsu ka tsaya a gefe ɗaya. In ka tsallaka, a fim za su fito kamar gefe guda suke kallo, mai kallo ya rikice. Kada ka ɗauki mutum taga tana bayansa sai in duhun fuskarsa kake so. Riƙon kyamara kuwa, gwiwar hannu a manne da haƙarƙari, ka jingina da bango in akwai.

Sai babbar ƙa'idar salon: ba ka cewa a sake, ba ka gaya wa kowa abin da zai faɗa, ba ka haɗa mutum biyu don su yi faɗa. In abu ya wuce ka, ya wuce. Abin da za ka yi shi ne ka tsaya a wurin, domin in al'amarin babba ne za a sake maganarsa, wani zai ba wani labari, sai ka ɗauki wannan. Neman a kunna fitila ko a rage rediyo ba laifi ba ne. Rediyon ma lallai ka nemi a kashe in zai yiwu, don waƙa a bayan magana tana tona duk inda ka yanke, ga kuma haƙƙin mallakarta.

Akwai lokacin da ake ajiye kyamara. In wani yana cikin haɗari kuma kai kaɗai ne za ka iya taimako, taimakon ne a gaba.

Kafin ka bar kowane wuri, ka ɗauki sautin ɗakin shi kaɗai na minti ɗaya, ba mai magana. Da shi ake cike gurabun yanka.

6. In wuri ya ɗau zafi

A zanga-zanga ko gangamin siyasa, ka san hanyar fita tun kafin ka shiga, ka tsaya a gefe, kada ka shiga tsakanin jami'an tsaro da taro. Mai kyamara idonsa a lens yake, don haka na biyunsa ne mai duba baya. Kada ka sa kaya mai launin wata jam'iyya. Ka riƙa canza kati akai-akai kana ɓoye wanda ya cika a wani wuri daban da kyamara, ka kuma bar wa wani a waje labarin inda kake da lokacin da za ka kira.

Hoton da ke hannunka yana iya zama shaida a kan mutanen da suka amince da kai. Ana ƙwace kyamara, kuma a wasu ƙasashe kotu tana iya umartar ka miƙa abin da ka ɗauka. Saboda haka ka kashe alamar wuri a waya, ka kulle faifan ajiya da manhaja irin VeraCrypt, sunayen mutane kuma kada su zauna wuri ɗaya da hotunansu. Wanda za a ɓoye shi, ya fi kyau tun wurin ɗauka kada fuskarsa ta shiga. Dusashe fuska a tacewa ba ya ɓoye murya, tafiya, tabo, ko ginin da ke bayansa.

7. Ajiya a kowace rana

Kada ka kwanta sai ka juye katunan ranar a faifai biyu, kuma ka buɗe wasu daga cikin fayilolin ka tabbatar suna yi kafin ka goge kati. Kwafi uku ne ƙa'ida in an haɗa da na kwamfuta, ɗaya a wani gini daban. Sunan kowace jaka ya fara da shekara, wata, rana, sannan wuri. A littafinka ka rubuta wa ya fito, me ya faru, wa ya sa hannu a takardar yarda, da abin da ake sa ran zai biyo baya. Bayan wata shida da awa 80 na hoto, wannan littafin ne kaɗai zai tuna maka.

8. Tacewa

A wannan salon ba abin mamaki ba ne a ɗauki awa 50 ko 100 don fim ɗin awa ɗaya da rabi, kuma tacewa takan fi ɗauka daɗewa. DaVinci Resolve yana da na kyauta, haka Kdenlive da Shotcut. In kwamfutarka ba ta da ƙarfi, ka yi ƙananan kwafi marasa nauyi ka tace da su, a ƙarshe manhajar ta koma kan na asali. Hoton waya wani lokaci saurinsa ba ya tsayawa wuri ɗaya, sauti ya riƙa zamewa daga baki, sai ka fara juya shi zuwa tsayayyen sauri da HandBrake.

Ka kalli komai daga farko ba tsallake, kana rubuta abin da ya taɓa ka a kallon farko. Sannan ka gina kowace fitowa ita kaɗai, da farkonta da inda ta juya da ƙarshenta. Rubuta kowace a ƙaramar takarda ka manna a bango, ka yi ta jujjuya jerin. Haɗin farko zai kai awa uku ko huɗu, daga nan ake rage shi. Fitowa biyu da ke aiki iri ɗaya, ɗaya ta fita, ko da ka sha wuya wajen ɗaukarta.

Tunda babu mai sharhi, ra'ayinka yana cikin abin da ka zaɓa da abin da ka jera kusa da juna, kuma a nan ne ake yin ƙarya ba tare da an furta kalma ba. Taƙaita taron awa biyu zuwa minti biyar halak ne. Ɗauko dariyar wani daga wata rana ka liƙa ta bayan maganar mutuwa ƙage ne. Haka haɗa rabin jimla da wani rabin, ko sa amsa a gaban tambayar da ba tata ba, ko juya jerin kwanaki yadda sakamako zai zama kamar shi ne sanadi. Ma'aunin shi ne: wanda yake ɗakin a ranar, in ya kalla, zai ce haka aka yi? Ɓangaren da ba ka goyon baya ma ka nuna shi a lokacin da hujjarsa ta fi ƙarfi, in ba haka ba mai kallo zai gane an yi masa zaɓi.

Bayanin da dole a sani, kamar wuri, shekara, ko wata doka, ka sa shi a gajeren rubutu a kan allo, kuma ka tabbatar da kowace lamba daga tushe biyu. Kiɗa kaɗan ko babu. Ka nuna haɗin ga mutum huɗu ko biyar da ba su san labarin ba, kada ka yi musu bayani, bayan sun gama ka ce su ba ka labarin abin da suka gani. Inda suka ɓata, nan gyara yake.

9. Kafin fitarwa

Ka koma wurin manyan mutanen da ke cikin fim ɗin ka nuna musu, su kaɗai, kafin kowa. Tsakanin ɗauka da fitarwa gwamnati tana iya canzawa, mutum ya sake aiki, maganar da ba ta da haɗari bara ta zama mai haɗari bana. Abin da zai jawo wa wani kora, kamu ko farmaki, a cire ko a ɓoye. Abin da kawai bai yi wa mai mulki daɗi ba, ya zauna. Duk inda fim ɗin ya ɗora wa wani laifi da suna, lauya ya duba, kuma a ba wanda ake zargi damar amsawa.

Fassarar ƙasan allo kada ta wuce layi biyu, kowane layi harafi 42 ko ƙasa, ta daɗe yadda za a karanta ba gaggawa, kuma wanda harshen nasa ne ya duba ta. Ƙarfin sauti a tashoshin talabijin na Turai -23 LUFS ne (LUFS ma'aunin ƙarfin sauti ne), na intanet kuwa ana kai shi wajen -14. Ka fitar da babban kwafi mai cikakken inganci don ajiya, da ƙarami don aikawa, sannan ka kalli fim ɗin daga farko zuwa ƙarshe a waya, da lasifikarta kaɗai. Duk maganar da ba ta fito a nan ba, koma ka ɗaga ta ko ka sa mata rubutu.